Fina-finan ragargaza motoci na da: wane faifai ya cancanci kuɗinka?

In faifai ɗaya kuɗinka zai isa, ɗauki Gone in 60 Seconds na 1974. Amma ka duba shekarar da ke bayan kwali da kyau, don akwai wani mai suna iri ɗaya na 2000 wanda Nicolas Cage ya fito a ciki, kuma shi masu shago suka fi miƙowa.

Na asalin H.B. Halicki ne ya rubuta, ya ba da umarni, ya zuba kuɗinsa, ya kuma riƙe sitiyari da kansa. Labarin ba wani abin a zo a gani ba ne, ɓarayin mota ne kawai. Abin da za ka biya dominsa shi ne tseren ƙarshe: kusan minti 40 'yan sanda na bin wata Mustang ruwan ɗorawa da ake kira Eleanor, daga Long Beach a Kalifoniya. Motoci 93 aka lalata a fim ɗin. Ba aikin kwamfuta ko kaɗan. Za ka ga bamba ya lotse, ƙofa ta lanƙwashe, gilashi ya tarwatse a kwalta, motar na ci gaba da gudu a haka. Abin da ke damuna shi ne bugun da aka gyara wajen shekarar 2000 an sauya masa kiɗa da ƙarar injin na asali.

Mad Max na 1979, na George Miller, ya fi shi labari nesa ba kusa ba. Sai dai a kula da murya: da aka kai shi Amurka an ɗora wa jaruman, har da Mel Gibson, muryoyin Amurkawa. Nemi wanda aka rubuta yana da sautin Ostareliya.

Death Race 2000 na 1975 kuwa, na kamfanin Roger Corman, tsere ne da direba ke samun maki in ya take masu tafiya a ƙasa. Akwai jini da tsiraici, ba na kallo da iyali ba ne. Ni shi zan bari ƙarshe.

Kafin ka yi oda daga waje, duba lambar yanki, wato lambar da ke nuna na'urorin wane ɓangaren duniya ne za su iya buɗe faifan. DVD na Amurka yanki na 1 ne, Najeriya da Nijar na 5. A Blu-ray Amurka na A, mu da Turai muna B, don haka Blu-ray bugun Ingila zai fi sauƙin buɗewa a na'urarka.