Tsakanin Heavy Metal Be-Bop da Detente, ga wanda za ka saya

Ɗan'uwa, tunda tsakanin waɗannan faya-fayen biyu na Brecker Brothers, ƙungiyar kiɗan jazz ta wani wa da ƙanensa 'yan Amurka, kake so a raba maka gardama, ɗauki Heavy Metal Be-Bop kawai. Duka biyun ina da su, amma ɗaya ne yake shan aiki a ɗakina.

A 1978 Heavy Metal Be-Bop ya fito a kamfanin Arista, kuma in ka cire waƙar farko, East River, da aka ɗauka a situdiyo, sauran biyar duk a gaban 'yan kallo aka buga su. Wan, Randy, yana busa tirampet, ƙanen, Michael, yana kan saksofon, sannan suka ɗora Terry Bozzio, wanda ya yi wa Frank Zappa kiɗa, a kan ganguna. A wannan faifan sun jona ƙahonninsu da irin na'urorin da masu jitar lantarki ke takawa da ƙafa, shi ya sa wani lokaci za ka rantse jita ce ke kuka alhali busa ce.

Akwai wani dattijo a layinmu da ya yi shekaru yana busa a badujalar 'yan sanda kafin ya yi ritaya. Wata rana bayan la'asar ya jiyo Some Skunk Funk, ɗaya daga waƙoƙin faifan, ta taga, ya yi sallama ya shigo, ya zauna a bakin tabarma bai ce uffan ba. Sai na lura yatsunsa uku na dama suna motsi a kan gwiwarsa, yana neman bin Randy. Ko minti ɗaya ba a yi ba ya saki, ya fashe da dariya, ya ce in mayar masa da ita daga farko. Abin da ya ɗaure masa kai shi ne yadda mutum biyu ke shiga jimla mai karkace-karkace da wannan gudu, su fita tare, ba wanda ya riga wani ko da ƙiftawar ido. Randy ne ya tsara kiɗan tun a faifansu na farko na 1975, lokacin David Sanborn mai busa saksofon yana cikinsu, amma a nan sun ƙara mata wuta sosai. Ka kuma tsaya a Funky Sea, Funky Dew, inda kowa ya yi shiru aka bar Michael shi kaɗai da saksofon ɗinsa.

Detente kuwa, na 1980, George Duke ne ya shirya shi. Aikin tsaf yake, ba laifi, sai dai an cika shi da rera waƙa don gidajen rediyo su ɗauka, busar da ka biya kuɗi dominta kuma an tura ta baya. Nawa yana nan a cikin kwalinsa.

In kuɗinka ya kai biyu, na biyun ma ba Detente zan ce ba. Bayan faifansu Straphangin' na 1981 kowa ya kama gabansa, sai a 1992 suka sake haɗuwa a kamfanin GRP. Nemi Out of the Loop na 1994, wanda ya ci kyautar Grammy biyu, ɗaya saboda African Skies da Michael ya rubuta. Kafin nan ya zaga duniya da ƙungiyar Paul Simon tare da makaɗan Afirka, cikinsu har da Armand Sabal-Lecco, ɗan Kamaru mai jitar bes, kuma kunnenka zai ji hakan a kiɗan. Out of the Loop ne na ƙarshe da suka yi a situdiyo da sunan Brecker Brothers. Michael ya rasu a Janairun 2007 bayan fama da cutar sankarar jini.

Ba ka tambaya ba, amma ka yi hattara da masu sayarwa a intanet. Wasu hoton faifan wani suke ɗaukowa su saka, ka tura kuɗi a kawo maka wanda ya sha karce, allura na tsalle a kansa. Wasu kuma CD ɗin da suka kwafa a kwamfuta suke sa wa bango mai sheƙi su ce na asali ne. In na garmaho ne, ka ce ya ɗauko maka bidiyon fuska biyun a hasken rana, ka ga tambarin Arista a tsakiya, ya kuma kunna maka. In CD ne, ya juya maka bayansa: wanda aka kwafa yakan yi kore-kore ko shuɗi-shuɗi. Wanda ya fara cewa sauri yake yi, wani na jiran kayan, bar masa abinsa. Kuma tunda kiɗan yana YouTube, ka saurari Some Skunk Funk ɗin 1978 kafin ka tura wa kowa ko sisi.