Wasiƙa daga Hamburg: Yaya, ka yanki tikitin mai dogon jira

Assalamu alaikum Yaya,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ya iyali, ya jikin Inna? Allah ya ƙara mata sauƙi. Mu nan ƙalau muke, sai dai hunturu ya kankama, ƙarfe huɗu na yamma gari ya yi duhu.

Na saurari saƙonka kan batun tikiti. Ka ce mai yankan tikitin ya ba ka zaɓi biyu ta Santambul: ɗaya da ka sauka sai ka hau na gaba, ɗayan kuma sai ka wuni kana jira amma ya fi rangwame, kai kuma ka fi son ka ƙara kuɗi da ka wuni kana gyangyaɗi a kan kujera. Ni dai a ganina ka ɗauki mai dogon jiran. Akwai sharaɗi guda da zan zo kansa, kuma in bai cika ba, ka yi watsi da duk abin da na faɗa a nan.

Kamfanin jirgin Turkiyya yana da wani tsari da suke kira Touristanbul. Duk fasinjan da ya taso daga wata ƙasa zai wuce wata ƙasa a jirginsu, kuma jiransa ya kama daga awa 6 zuwa 24, za su ɗauke shi a bas su kai shi cikin gari, su haɗa shi da ɗan jagora mai jin Turanci, su ciyar da shi, su dawo da shi kafin lokacin tashinsa. Ko sisi ba za ka biya ba. Ba sai ka nemi alfarma ba, ba sai ka san wani ba. Bayan an buga maka hatimi ka fito, sai ka nemi teburinsu a ɓangaren masu isowa, ka miƙa katin shiga jirginka na gaba. Su da kansu za su duba lokacin tashinka su faɗa maka rukunin da za ka bi, don akwai na safe, akwai na wuni, akwai na yamma, kuma wuraren da ake zuwa suna sauyawa daga rana zuwa rana. Manyan akwatunanka ba ruwanka da su, tun daga Abuja an riga an rubuta musu Hamburg.

Kada ka ɗauka sadaka suke yi. Kasuwanci ne, kuma na masu dogon lissafi. Sun san mutumin da ya wuni a kujera zai rantse ba zai sake bin hanyar ba, wanda kuwa aka zagaya da shi gari ya ci ya ƙoshi, shi ne zai zauna ya rubuta wa yayansa doguwar wasiƙa irin wannan. Wasu ma daga baya sukan dawo da iyalinsu hutu su kashe kuɗi na gaske. A nan Jamus ban taɓa ganin an yi wa fasinja irin wannan ba. In jiranka ya yi tsawo, ga jirgin ƙasa nan a gindin filin, ka sayi tikitinka ka shiga gari ka dawo, ba mai hana ka, ba mai tambayarka. Komai yana aiki, amma ba wanda zai riƙe hannunka.

Filin jirgin Santambul ɗin sabo ne, an buɗe shi a watan Oktoban 2018, aka kwaso harkar jiragen fasinja daga tsohon filin Ataturk a Afrilun 2019. Yana can arewa wajen Bahar Aswad, kimanin kilomita 40 daga tsohon gari, saboda haka ka cire kusan awa guda zuwa, awa guda dawowa, in cunkoso ya tashi ma ya fi haka. Shi ya sa awa shida ɗin da suka faɗa da ƙyar take isa. In jiranka ya kai tara ko goma, to lafiya lau.

Rukunin da na bi, unguwar Sultanahmet aka kai mu. Muka fara da wani fili da ake sukuwar keken doki a zamanin Rumawa, inda aka kafa wani dogon dutse mai rubutun Fir'aunoni da aka ɗauko daga Masar, aka tsayar da shi a wurin tun shekarar 390. Daga nan sai masallacin Sultan Ahmad, mai hasumiya shida, wanda aka fara gininsa a 1609 aka shafe kusan shekara bakwai ana yi. An lulluɓe bangonsa na ciki da tayil sama da 20,000 da aka yi da hannu a garin Iznik. Hoto ba ya nuna shi, sai ka gani da idonka. Amma ni abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne hidimar wurin: famfunan alwala a jere da wurin zama na dutse, ledar saka takalmi a bakin ƙofa, mayafi na aro ga matan da suka zo ba lulluɓi, ma'aikata suna raba masu salla da masu kallo ba tare da tsawa ba. Dubban mutane ke shiga kullum amma kafet ɗin tsaf. Na ce wa ɗan jagoran zan yi salla, ya duba agogonsa ya nuna mini inda zan same su, shi ke nan.

Gaba da shi kaɗan Ayasofiya take. Sarkin Rumawa Justinian ya kammala ta a matsayin coci a 537, ta koma masallaci a 1453 lokacin da Sultan Muhammad al-Fatih ya ci garin, aka mai da ita gidan tarihi a zamanin Ataturk, shugaban Jamhuriyar Turkiyya na farko, sannan aka dawo da salla a cikinta a watan Yulin 2020. Tun farkon 2024 baƙi masu zuwa kallo suna biyan yuro 25 su hau bene. Mu daga waje muka tsaya, layin ya yi tsawo.

Inda nake so ka roƙi Allah ya sa rukuninka ya bi shi ne fadar Topkapi, gidan sarautar sarakunan Turkiyya na da. A can ciki akwai ɗakunan da suka ajiye abin da suke kira amanoni masu tsarki, waɗanda akasarinsu suka zo bayan Sultan Salim ya ci Masar a 1517: takubban da ake dangantawa ga Manzon Allah (SAW) da halifofi, akwatin da mayafinsa yake ciki, tsofaffin makullan Ka'aba. Akwai alaramma a zaune a gefe yana karatun Alƙur'ani, in ya tashi wani ya karɓa, ba a yankewa. Na san halinka, a nan za ka so ka daɗe, kuma a nan ne za ka ji haushin tafiyar rukuni, don ɗan jagora yana ɗaga tutarsa dole ka bi. Wannan shi ne aibin abin kyauta: ba kai ke da lokacinka ba. Ka lura, fadar ba ta buɗewa ran Talata, babbar kasuwa ba ta ci ran Lahadi, masallatan kuma ran Juma'a ba sa barin masu kallo sai an sauko. In mai yankan tikiti zai iya, ya sama maka Laraba ko Alhamis. Kabarin Abu Ayyub al-Ansari, sahabin da Annabi ya sauka a gidansa a Madina, yana unguwar Eyup, ka tambaya a teburin ko akwai rukunin da zai bi ta can a ranar.

Abincin rana a wani gidan abinci suka ba mu: miyar adas, ƙwallon niƙaƙƙen nama gasasshe da suke kira kofte, shinkafa, salak, da burodi iya cinka. Ba yaji ko kaɗan, ka sako naka a aljihu. Daɗin abin shi ne ka ci nama ba tare da ka yi tambaya ba. Mu a nan sai ka juya kowane ƙunshi ka karanta ƙananan rubutu kana neman ko akwai alade a ciki, naman kirki kuwa sai ka je shagunan Turkawa na titin Steindamm, jikokin waɗanda suka zo aikin masana'antu bayan yarjejeniyar ɗaukar ma'aikata da Jamus ta yi da Turkiyya a 1961. Haka ma banɗaki, ka yi haƙuri da zancen, amma matafiyi ya san muhimmancinsa: nasu akwai ruwan tsarki a jiki, daga filin jirgi har cikin gari. A Jamus kuwa ka fara sabawa da yawo da gorar ruwa tun yanzu.

Sai kasuwa. Babbar rufaffiyar kasuwarsu an fara gina ta wajen 1461, tana da shaguna kusan 4,000 a tituna fiye da 60, duk a ƙarƙashin rufi. Ka ga ke nan sa'ar kasuwar Kurmi ta Kano ce, da aka kafa a zamanin Muhammadu Rumfa, kuma tsarin ma kusan ɗaya: layin maƙeran zinariya daban, na dukawa daban, na masu darduma daban. Bambancin shi ne su sun shimfiɗe ƙasa, sun sa fitilu da lambobin ƙofofi, sun ajiye masu gadi, har baƙon da bai san kowa ba zai shiga ya fita. Wannan gyaran kuwa a kan farashi suke fanshe shi. Da sun ga kaftani da hula sai ka ji "Alhaji, Alhaji, Najeriya!", a jawo maka kujera, a kawo shayi a ɗan ƙaramin kofin gilashi. Ka sha shayin, ba ya wajabta ciniki. Amma kada ka yi sayayyar kirki a nan, kasuwar 'yan yawon buɗe ido ce, ga shi kuma ɗan jagora ya ba ka ɗan taƙaitaccen lokaci, mai shagon ya san haka sarai. Wanda yake duba agogo ba ya iya taya kaya. 'Yan gari a gangaren Mahmutpasha suke sayayya, wanda ya sauka daga kasuwar zuwa bakin ruwa. Mutanenmu masu sarin abaya da kayan yara kuwa Laleli da Merter suke zuwa, inda masu aika kaya suke, kuma wannan ba aikin wuni ɗaya ba ne. Gadajen nan 'yan Turkiyya da ake ƙwallafa rai a kansu in za a yi jere, da yawa ma ba a Santambul ake yin su ba, a Inegol ne, wajen Bursa.

Abin da ya cancanci ka saya: tawul, don audugarsu tana da kyau kuma ya fi na nan araha nesa ba kusa ba, da sallaya, da alewarsu lokum ga yara, wadda ake yankawa a auna maka a gabanka, ba ta cikin kwali ba. Za'afaran mai arha ka bar musu abinsu, na gaske ba ya arha a ko'ina. Kada ka canza kuɗi da yawa. Lira, wato kuɗinsu, ba ta zama wuri ɗaya, a Oktoban 2022 hauhawar farashinsu ta haura kashi 85 cikin ɗari a lissafin gwamnati, don haka duk farashin da wani ya faɗa maka na bara, tarihi ne. Canjin cikin gari ya fi na filin jirgi, kamar yadda yake a kowace ƙasa. Ruwan sha ma ka saya a gari ka sha ka ƙoshi, haka simit, burodin nan mai zobe da riɗi, don da ka koma ciki farashi ya koma na masu yuro.

Tunda a saƙonka ka ambaci jirgin Habasha: su ma suna da nasu karamcin, amma iri daban. In jiranka a Addis Ababa ya kama daga awa 8 zuwa 24 kuma babu jirgin da ya fi kusa, sukan ba ka otal da abinci da motar kai ka da dawo da kai. Ga mai son barci da wanka wannan ya fi. Yawon gari kuwa kai da direbanka, ku daidaita. Garin yana kan tudu sama da mita 2,300, sanyin dare ba wasa. A Doha akwai yawon gari na 'yan awanni, su kasuwar Wakif da bakin teku, a tsare tsaf, amma biya ake yi. Turkawan ma suna ba da otal ga mai dogon jira, sai dai ba a haɗa biyu, ko otal ko yawo.

To, ga sharaɗin. Bas ɗin kyauta ne, amma yana bayan shingen jami'an shige da fice, kuma kamfanin jirgi ba shi ke ba da izinin shiga ƙasa ba. Ni da fasfon Jamus na wuce, ba a tambaye ni komai ba. Wani dattijo ɗan Maraɗi da muka sauko tare, da koren fasfonsa na ECOWAS, dole ya koma ya nemi kujera, don bai zo da biza ba. Abin ya dame ni, don shi ya fi ni sanin tarihin Daular Usmaniyya ta Turkiyya, a jirgi shi yake ba ni labarin al-Fatih. Fasfon Najeriya da na Nijar da na Ghana duk suna buƙatar bizar Turkiyya kafin a taka cikin gari, bizar Jamus da ke fasfonka ba ita ce izinin ba. Ka nemi bayani daga ofishin jakadancinsu a Abuja tun kafin ka biya kuɗin tikiti, kada ka dogara da abin da wani ɗan kasuwa ya ce ya yi shekara biyu da suka wuce, don ƙa'idar takan sauya. Sannan ka yi lissafi: rangwamen tikitin, a cire kuɗin biza da zirga-zirgar nemanta. In sun tashi kusan daidai, ni dai zan ce ka je, don ganin ɗakin nan na Topkapi kaɗai ya biya. In bizar ta yi wuya, ka ƙara kuɗin ka ɗauki gajeren jira, kada ka wahalar da bayanka a banza.

In ta yiwu, ka sa takalmi mai taushi, tafiyar ƙasa ce a kan duwatsu da hawa da gangara. Ka ɗauki rigar sanyi a jakar hannu, ba a akwati ba. Ka gyara agogonka da ka sauka, suna gabanmu da awa biyu, kuma duk lokacin da ɗan jagora ya faɗa, bas ɗin a kansa yake tashi.

Batun tsaraba: don Allah kada ka bari Inna ta sako kilishi ko dambun nama ko man shanu. Dokar Tarayyar Turai ta hana matafiyi shigo da nama da kayan madara, za a ƙwace, wataƙila har da tara. Kuka da kuɓewa busasshiya da daddawa da yaji dai a ƙulle su da kyau, daddawar a ninka mata leda. Ka turo mini ranar da ka tsayar don in nemi hutu a wurin aiki. A gaida Inna da su Anti da yara duka.

Ƙaninka,
daga Hamburg