Littattafan Bishiyoyi da Harshen Ayilan: Wanne Ya Kamata Ka Fara Saya?

Wanda ya ga hotunan ƙasar Ayilan zai ɗauka kurmi ce, saboda ko'ina kore shar. Ciyawa ce. Dazuzzuka ba su rufe fiye da kashi 12 cikin ɗari na ƙasar ba, kuma kusan rabinsu shuke-shuken katako ne na wata bishiya da aka kawo daga Arewacin Amurka. A farkon ƙarni na 20 abin da ya rage bai kai kashi 2 ba. Amma sunayen garuruwansu cike suke da bishiyoyi, kamar yadda muke da Kukawa da Rimin Gado da Kurna. Birnin Derry daga kalmar Doire ya fito, wato kurmin dair, bishiyar da Turawan Ingila ke kira oak. Kildare kuwa Cill Dara ne, majami'ar da ke gindin dair. An sare dazuzzukan, harshen ya riƙe sunayensu, kuma harshen kansa, Gaeilge, yanzu mutum kusan 72,000 ne ke magana da shi kullum a wajen makaranta, bisa ƙidayar 2022.

Wannan ne ya sa littattafai a kan batun suka yi yawa a 'yan shekarun nan, kuma ba duka ne suka cancanci kuɗinka ba. Waɗanda zan kawo dukkansu da Turanci aka rubuta su, da kalmomin Gaeilge a ciki. Abin da nake auna kowanne da shi guda ne: shin marubucin yana bambanta maka abin da ke cikin tsofaffin rubuce-rubuce da abin da shi ya ji a ransa?

Idan guda ɗaya kawai za ka saya, ka sayi na Niall Mac Coitir, Irish Trees: Myths, Legends and Folklore, wanda ya fito a 2003, daga baya aka sake buga shi da sunan Ireland's Trees. Ka lura da wannan don kada ka sayi littafi ɗaya sau biyu. Bishiya-bishiya ya bi: sunayenta, camfin da ke kanta, tatsuniyoyinta, da amfanin da ake yi da ita. Ba irin littafin da za ka kwana kana karantawa don daɗin labari ba ne, na ajiyewa kusa ne ana komawa gare shi. A irin wannan littafin ne za ka gane dalilin da ya sa manomi a can zai bar wata ƙaramar bishiya mai ƙaya, sceach gheal, ita kaɗai a tsakiyar gona bai taɓa ta ba. Ana cewa mazaunin mutanen ɓoye ce, kamar yadda ake faɗa a kan tsamiya a wurinmu. Abin bai mutu ba: a 1999 an yi ta muhawara a kan irin wannan bishiya a Latoon, cikin gundumar Clare, bayan mai ba da tatsuniyoyi Eddie Lenihan ya ja kunnen masu gina babbar hanya, kuma aka gina hanyar aka bar ta tsaye. Zane-zanen Grania Langrishe suna cikin abin da ka biya wa kuɗi, don haka na takarda ya fi na waya.

Wanda harshe ya fi ja masa hankali zai fi jin daɗin Manchán Magan. Littafinsa Thirty-Two Words for Field na 2020 shi ne ya fi shahara a wannan fanni, kuma sunan ma ya faɗi abin da ke ciki: kalmomi 32 na fili ko gona, kowacce da irin filin da take nufi. Magan ya koyi harshen ne a wurin kakarsa, a yammacin Kerry, kuma da ƙauna ya rubuta littafin. Kana karantawa za ka fara tuno kalmomin kakarka da kai ma ka daina faɗa, irin su saura da fako da jigawa, waɗanda yaron birni yanzu zai haɗa su duka ya ce fili. Ina son littafin ƙwarai. Amma sai na faɗi gaskiya: idan ya shiga danganta kalmomin Gaeilge da Indiya ko da Larabci, ko ya ɗauko kimiyyar zamani ya jingina da tsohuwar kalma, sau da yawa hasashe ne. Ka karanta shi don ya buɗe maka ido, kada ka kafa hujja da shi a rubutun makaranta sai ka duba ƙamus.

Yana da ƙaraminsa mai zane, Tree Dogs, Banshee Fingers and Other Irish Words for Nature, na 2021. Karen bishiya da ke cikin sunan, madra crainn, kurege ne. Gaeilge na da irin waɗannan da yawa: jemage fiffiken fata ne, kerkeci ɗan ƙasa, wata dabbar kogi kuma madra uisce, daidai da yadda Bahaushe ya ce karen ruwa. Wannan na yara ne da na kyauta. Babba zai gama shi a zama ɗaya.

Littattafan nan duka a kan kalmomi da tatsuniyoyi suke. Idan kai malamin gona ne ko ma'aikacin gandun daji, kana son ka ji yadda daji ke mutuwa da yadda yake farfaɗowa, nemi An Irish Atlantic Rainforest na Eoghan Daltun, 2022. Mutumin ya sayar da gidansa a Dublin a 2009 ya sayi gona mai eka 73 a tsibirin-gaɓar Beara, yammacin Cork. Ya tarar da tsofaffin bishiyoyi a tsaye amma babu ko ɗan tsiro a ƙarƙashinsu, domin awakin da suka koma daji da barewar da aka kawo daga Japan suna cinye duk abin da ya leƙo. Ga kuma wani baƙon tsiro, rhododendron, da ke shaƙe komai. Abin da ya yi bai da yawa: ya kewaye wurin da shinge, ya tuge baƙon tsiron, ya bar ƙasa ta yi aikinta. Dajin ya dawo da kansa. Duk wanda ya ga yadda manoman Maraɗi da Damagaram suka dawo da gawo a gonakinsu ta hanyar kare tohon da ya fito, zai gane wannan labari tun daga shafukan farko. Rauninsa a wannan jerin shi ne harshe ba shi ne jigonsa ba, kuma wani ɓangare mai tsawo tarihin rayuwar marubucin ne.

Akwai kuma To Speak for the Trees na Diana Beresford-Kroeger, 2019. Marainiya ce da dattawan wani kwari a Cork suka koya wa sanin tsirrai, daga baya ta zama masaniyar kimiyya a Kanada. Rabin farko, labarin yarintarta, yana taɓa zuciya. Rabi na biyu yana bin haruffan Ogham, wani tsohon rubutun Ayilan, ɗaya-ɗaya yana ba kowanne bishiya, kuma a nan ne nake so mai saye ya yi hattara.

Ogham tsohon rubutu ne na zane-zanen layi a gefen dutse, haruffa 20 tun asali, kuma duwatsu kusan 400 ne suka rage da shi. Kasuwa cike take da littattafai da katunan duba masu kiransa haruffan bishiyoyi, har da kalandar da ke ba kowane wata bishiyarsa. Kalandar nan ba tsohuwa ba ce. Mawaƙin Ingila Robert Graves ne ya tsara ta a 1948. Masanin da ya yi aiki a kan rubutun, Damian McManus, ya nuna a littafinsa A Guide to Ogam na 1991 cewa kaɗan ne daga sunayen haruffan suke sunayen bishiyoyi da gaske, sauran malaman baya ne suka liƙa musu. Idan ka ga bangon littafi yana alkawarin gaya maka bishiyar ranar haihuwarka, ka mayar da shi kanta.

Mai bincike na gaske kuma sai Early Irish Farming na Fergus Kelly, 1997, mai shafuka sama da 700. Yana da nauyi a hannu da kuma a karatu, amma shi ne ya yi bayanin dokar ƙarni na 8 da ta kasa bishiyoyi 28 gida huɗu, ta kira bakwai daga ciki sarakunan daji, ta kuma yanka tarar shanun tatsa biyu da karsana ga wanda ya sare ɗaya a gonar wani. Marubuta da yawa daga wurinsa suke ɗebo wannan.

Kafin ka biya kuɗin aikowa, wanda wani lokaci yakan kai kuɗin littafin, ka gwada abubuwa uku da ke intanet kyauta. Shafin dúchas.ie yana ɗauke da tatsuniyoyi da camfe-camfen da 'yan makaranta suka rubuto daga bakin dattawansu tsakanin 1937 da 1939, da rubutun hannunsu. Shafin logainm.ie yana ba da sunayen wurare da Gaeilge. Shi kuma teanglann.ie ƙamus ne da za ka danna ka ji yadda ake furta kalma a karin harshe uku, abin da babu littafin takarda da zai yi maka, domin rubutun Gaeilge da furucinsa sun yi hannun riga ga baƙo. Magan da Daltun suna karantuwa lafiya a waya, don haka kuɗin aikowa ka tanade shi don Mac Coitir.