The Masterplan: Waƙoƙin Bayan Faifai na Oasis

A zamanin da ake sayar da waƙa a ƙaramin faifai, fuskar farko ce ake ɗora wa waƙar da ake so gidajen rediyo su riƙa sakawa, bayan faifan kuwa galibi da ragowar aiki ake cike shi. Ƙungiyar Oasis ta birnin Manchester a Ingila, wadda 'yan'uwa biyu, Noel da Liam Gallagher, suka ja ragamarta, ta saɓa wa wannan al'ada. Kundin The Masterplan, wanda kamfanin Creation ya fitar a Nuwamban 1998 aka kuma sake gyara sautinsa a 2023, ya tattara irin waɗannan waƙoƙi guda 14, kuma wannan sabon bugun na saya.

A ganina, abin da ya hana waƙoƙin tsufa shi ne an yi su ba tare da nauyin neman kasuwa ba. Tsakanin 1994 da 1995 waƙa na zubo wa Noel kamar ruwan Agusta, har ya riƙa jefa gwala-gwalai a inda mutane kaɗan ne za su duba. Talk Tonight ce ta fi kama ni. Ya rubuta ta ne bayan ya yi fushi ya bar ƙungiyar na ɗan lokaci a tsakiyar rangadinsu na Amurka a 1994, kuma babu ganga a cikinta, jita ce ke ɗauke da muryarsa. Idan aka saurara da daddare da abin kunne, tun kafin ya fara ana jin sa yana cewa bari ya cire agogonsa, kamar mutum na zaune kusa da shi. Acquiesce kuwa, wadda ta fito tare da ita a bayan faifan waƙar Some Might Say a 1995, Liam ne ke jan baitoci da kaushin muryarsa, wansa yana karɓar amshi, haɗin da ba kasafai ake samu a manyan waƙoƙinsu ba. Waƙar da kundin ya ɗauki sunanta an ɓoye ta ne a bayan faifan waƙar Wonderwall, kuma Noel da kansa ya sha nuna nadamar yin hakan.

Duk da haka zaɓin yana da rauni. The Swamp Song, wadda kiɗa ne zalla, da maimaicin wata waƙar ƙungiyar Beatles da aka ɗauka a dandali, sun cinye gurbin da ya dace da Round Are Way, wadda aka bari a waje. Gyaran sautin 2023 ma bai kawo wata sabuwar waƙa ba, saboda haka mai tsohon faifan ba shi da hujjar sake kashe kuɗinsa. Wanda kuwa bai san Oasis ba sai ta Wonderwall, da wannan kundi nake ba shi shawarar ya fara, kafin ya saurari kundinsu Be Here Now na 1997.