Titin dutse mai numfashi a birnin Benis

Kawu, bayan gaisuwa, da fatan duk mutanen Tudun Wada suna lafiya. Hoton nan da yara ke yawo da shi a waya, na birni mai shawagi a sararin sama da titin da duwatsunsa ke motsi suna ɗinke kansu, zanen kwamfuta ne kawai. Amma a nan Italiya akwai ɗan'uwansa na gaske, wato Benis, kuma tunda sana'arku shimfiɗa intalok ce, bari in zayyana muku yadda titinsu yake.

Garin ba yawo yake yi a kan ruwa ba. Tsibirai ne 118 a cikin tafkin ruwan gishiri, gadoji wajen 400 suka haɗa su. Itatuwa aka kakkafa a tsaye cikin laka, kusa da kusa, aka ɗora katako, sai farin dutsen Istiriya, sannan jan bulo. Itacen ba ya ruɓewa domin iska ba ta isa gare shi a cikin laka. Farin dutsen kuwa aikinsa tare danshi, don in ruwan gishiri ya hau cikin bulo ya bushe, sai ya riƙa marmashe shi, kamar dai yadda danshi ke cin gindin katangar ƙasa a cikin birnin Zariya.

Dutsen titin suna kiransa masenyi. Ruwan toka ne, dutsen aman wuta da ake haƙowa a tsaunukan kusa da Padowa, kuma da irinsa aka shimfiɗe dandalin San Marko a 1723. Samansa a sassaƙe yake, ƙasansa an bar shi da gargada don ya kama yashi, kuma a tsarin gargajiya kan yashin ake zaunar da shi, ba a kan kankare ba. Idan bututu ya fashe a ƙarƙashi, ma'aikata sukan sa wa kowane dutse lamba, su ɗaga, su jera a gefe, su yi gyara, su mayar da kowanne mazauninsa. A gida da diga ake fasa kankare, ramin ya ga damina biyu ba a rufe ba.

Numfashin kuwa daga ƙasa yake. Akwai magudanai na bulo a ƙarƙashin titi da ke zuba cikin mashigin ruwa, teku ta cika ta janye sau biyu a rana, tana wanke su. Matsalar ita ce hanyar da ruwa ke fita, ta nan yake dawowa. In teku ta yi tudu sosai, sai ka ga ruwa na ɓulɓulowa daga ramukan magudana, San Marko ne kan fara cika domin ya fi ko'ina kwari. A 1966 tudun teku ya kai santimita 194 a ma'aunin garin (ba zurfin ruwa a kan titi ba), a Nuwamban 2019 ya kai 187. Jiniya ake kaɗawa, a jera dogayen benci mutane su bi ta kai. Tun Oktoban 2020 suna ɗaga ƙofofin ƙarfe 78 da ake kira MOSE a mashigai uku na tafkin, abin ya yi sauƙi ƙwarai.

Intalok ɗinmu tsarinsa ɗaya da wannan, a shimfiɗar ƙasa muke yin ha'inci. A kwashe baƙar ƙasa tukuna, a zuba jar ƙasa ko tsakuwa kamar santimita 15, a danne da inji, ba da ƙafar leburori ba. Yashi kada ya wuce santimita 3 zuwa 5. In ya yi kauri, taya na hawa zai lotsa. Intalok mai kaurin santimita 6 na tsakar gida ne da masu tafiya a ƙasa, inda mota mai nauyi za ta bi sai mai 8. A kafa dakalin gefe kafin a fara jeri, in ba haka ba layin bakin zai buɗe, sauran su bi shi. A ba shi gangara, santimita 2 a kowace mita, zuwa lambatu. Daga ƙarshe a share busasshen yashi mai laushi cikin tsagogin, a sake bi da inji. Masu cike tsaga da siminti suna ganin gwaninta ce, alhali ruwan Agusta na shiga ƙarƙashi zai tsage, kuma ranar gyaran famfo sai an farfasa.

Sai dai fa kada wannan ya sa ku yi sha'awar zaman garin. Mota iyakarta bakin gari, bayan gada mai tsawon kusan kilomita 4. Ba Keke Napep, ba acaɓa, ko keken hawa an hana. Buhun siminti, katan ɗin ruwa, firji, duk jirgin ruwa ke kawowa, sannan ɗan dako ya ja a kura yana hawa matakalar gada ɗaya bayan ɗaya, shi ya sa kaya suka fi tsada a nan bisa garin Mestire da ke kan tudu. Masu kwasar shara ƙofa-ƙofa suke bi da safe da amalanke, motar asibiti da ta kashe gobara duk jiragen ruwa ne. Jirgin haya kuwa, a 2024 baƙo Yuro 9.50 yake biya na minti 75, ɗan gari mai kati Yuro 1.50.