Sako daga El Alto, inda sanyi ke yi musu aikin rumbu

Assalamu alaikum Yaya, ya gida ya yara, ya jikin Inna? Ka ce in baka labarin kasuwa da yadda kaya suke a nan, to ga shi.

Garin da nake sunansa El Alto a kasar Bolibiya, a saman La Paz yake, birnin da gwamnatin kasar take zama, tsayinsa ya haura mita 4,000, satin farko wlh ko bene na hau sai na tsaya ina haki kamar an biyo ni. Shayin ganyen koka suka dinga bani, kar hankalinka ya tashi ba hodar iblis din nan ba ce, ganye ne da suke taunawa kamar yadda muke cin goro kuma doka ta yarda.

Yawancin mutanen garin 'yan kabilar Aymara ne, kasuwa kuma a hannun matansu take. Akwai wata 16 de Julio da ke ci Alhamis da Lahadi, ka yini kana zagaye baka gama ta ba, daga allura har mota, ga gwanjo tuli. Matar da nake sayen kayan miya a wajenta tana zaune ne cikin katon siket mai ninki-ninki da 'yar hula a ka, ranar farko bayan ta auna min sai ta kara albasa biyu ta ce yapa, na ce ikon Allah ashe gyara har nan ta zo! Adashi ma suna yi, pasanaku suke ce masa, a kauyukansu kuma akwai ayni, ka taya ni aikin gona yau in taya ka gobe, kusan gayyarmu ce.

Amma abinda yafi tsaya min a rai dankali ne. Mu da muke ce masa dankalin turawa, to ba na turawa bane, asalinsa daga duwatsun nan ne, kuma kala-kala, baki, ja, mai dige-dige, wani a murde kamar citta, na Jos da muka sani daya ne cikin daruruwa. Watan Yuni da Yuli lokacin da sanyi ke tsananta sai su shanya kananan a fili, da dare ya daskare, da rana ta fito ya narke, sai iyali su bi su tattake shi da kafa ruwan ya fita bawon ya sabule, a bar shi ya bushe ya koma baki kirin kamar tsakuwa. Chunyo kenan. Shekaru yake yi a buhu bai lalace ba, ba firiji ba lantarki ba magani. Ina kallo ina tuna yadda kwandunan tumatir ke rube mana a kasuwa lokacin kaka, mu rana muke da ita shi yasa kauda da busasshiyar kubewa suka zauna mana, su kuma sanyi Allah ya basu suka sa shi aiki. Dandanon dai sai a hankali, sai da na ci sau biyar kafin bakina ya karba.

Suna busar da naman llama, wata dabba mai kama da karamin rakumi mara tozo, sunan abin charke, gishiri kawai ba yaji ba tunkuza, ko a ido bai kama kafar kilishinmu ba, ni dama bana ci saboda yanka, kifin tafkin Titikaka nake saya. Sai wata tsaba da suke ce wa kinwa (quinoa), kwayarta kamar acca, wajen 2013 turawa suka yi mata caa kudinta ya tashi manoma suka samu, daga baya da kowa ya shiga nomanta farashin ya fado.

Zancen sufuri kuwa sun fi mu, tun 2014 akwai motar igiya mai tafiya a sama tsakanin nan da La Paz, ba go-sulo, ga tsafta, kana kallon rufin gidaje a kasanka. Wuta ma ba a cika daukewa ba. Sai dai na ga layin mai da wahalar dala, nan kam kamar ina gida.

Dan Allah in an samu mai zuwa ko Brazil ne a hado min daddawa, kuka da yajin Inna, na san yadda zan karba. A gaida kowa.