Taliyar Italiya ba da naman alade ba: abin da za ki saya a madadinsa

Duk wadda ta zauna a Italiya ta san ƙanshin da ke fitowa daga tagogin maƙwabta da misalin ƙarfe ɗaya na rana. Sau da yawa abin da ke kan wuta bai wuce abu huɗu ba: taliya, ɗan nama mai gishiri da aka yanka ƙanana, kayan lambu kala ɗaya, sai cuku da za a goga a kai. A birnin Rum da garin Amatrice ana yin ta da tumatir, a wasu gidajen da fis ko zukini (wata koriyar kabewa mai siffar kokwamba), a yankin Puglia da ke kudancin ƙasar kuma da ganye mai ɗaci-ɗaci. Girki ne na minti ashirin, kuma yara na son sa. Matsalarmu ɗaya ce, wannan naman na alade ne. Don haka tambayar da 'yan'uwa mata ke yawan yi ita ce, me za a saka a gurbinsa har abincin ya yi ma'ana?

Kafin ki je kanti, ki fara sanin sunayensa, don ba kasafai ake rubuta alade ɓaro-ɓaro a gaban leda ba. Guanciale naman kumatun alade ne da aka yi wa gishiri da masoro aka rataye ya sha iska, shi ake sa wa a girke-girken taliya da ake kira amatriciana da carbonara. Pancetta na ciki ne, akwai shimfiɗaɗɗe akwai naɗaɗɗe, akwai kuma wanda aka yi wa hayaƙi. Prosciutto cinya ce, speck ma cinya ce mai hayaƙi daga tsaunukan Alto Adige. A jerin kayan haɗi da ke bayan leda, in kin ga suino ko maiale ko strutto ko lardo, ki ajiye. A ƙasashen da ake Faransanci kalmomin su ne porc da lardons. Wannan karatun bayan leda ba na wasa ba ne, domin akwai salamin talotalo da na kaza da ake haɗa wa kitsen alade don ya yi laushi, hoton talotalo na gaba, kitsen na cikin ƙananan rubutu.

Yanzu ga abin da nake so ki riƙe kafin ki kashe ko sisi. Ba tsoka Ba'italiya ke nema a jikin guanciale ba, maiƙo take nema. Yawancinsa kitse ne. Tana zuba shi a kasko ba tare da mai ba, a wuta kaɗan, kitsen ya narke, sannan wannan maiƙon ya haɗu da ruwan dahuwar taliya da cuku ya zama romo mai kauri da ke manne wa kowane silin taliya. Gishiri da ƙanshi suna biyo baya. Mafi yawan waɗanda suka gwada girkin da naman halal suka ce bai yi daɗi ba, sun sayi nama marar kitse ne, sai taliyar ta fito a bushe kamar an barbaɗa mata dambun nama.

Shi ya sa ba na ba da shawarar bresaola a matsayin zaɓin farko, duk da ita ce ake fara nuna wa Musulmi a kanti. Naman sa ne daga kwarin Valtellina a lardin Sondrio, kuma tana da daɗi in an yanka ta siriri an ci da man zaitun da lemun tsami. Amma zallar tsoka ce. Da ta ji wuta sai ta ƙanƙance ta yi tauri, gishirinta ya ninku. Ga tsada. Sannan kasancewarta naman sa bai isa ba: ana iya sa giyar inabi a cikin kayan jiƙa ta, kuma ba kowace ce aka yi da yankan Musulunci ba, sai kin nemi mai tambarin halal. In kina da ita a gida, ki yayyaga ta ki zuba bayan kin sauke tukunya, maiƙon kuma ki samo shi daga man zaitun.

Bastirma, busasshen naman sa mai gishiri wadda Turkawa ke alfahari da ta garin Kayseri, Misirawa ma ke ci da ƙwai da safe, ta fi bresaola armashi a kasko. Ana samun ta a shagunan Turkawa da Larabawa. Bayanta akwai jan ɓawo na hulba da tafarnuwa da barkono, kuma duk wadda ta san hulba ta san ƙanshinta ba ya ɓuya, har a gumin mutum. Da tumatir tana tafiya ƙwarai. Da fis ko zukini kuwa tana danne su gaba ɗaya, sai dai ki kankare rabin ɓawon. Ki roƙi mai shago ya yanka miki daga ɓangaren da ke da zanen kitse, kuma da ɗan kauri.

Kyafaffen talotalo da ake yanka wa siffar bekon, wato siraran yankan naman alade mai gishiri, shi ne mafi sauƙin samu kuma mafi araha. Yana kawo ƙanshin hayaƙi, ba ya kawo maiƙo, wani ma ruwa yake saki a kasko. Bekon na naman sa ya fi shi nesa ba kusa ba, in dai daga ƙirji ko ciki aka yanko shi kina ganin layin kitse fari tsakanin tsoka. In kin samu wannan a wurin mahaucin halal, kin gama, ki saya.

To, kilishi fa? Na san zuciya can take fara zuwa. A gida Kano ko Maraɗi, inda mai kilishi ke bakin titi, gwada shi ba laifi ba ne, amma ki san abin da zai ba ki. Labun da aka shafa masa na ƙuli-ƙuli da citta da kanumfari da barkono zai narke a romon, abincin ya koma wani abu daban, mai daɗi ne, sai dai ba na Italiya ba. Kuma shi ma tsoka ce zalla. Ki ɗauke shi a matsayin abin barbaɗawa a ƙarshe. Wadda ke Turai kuma ta tuna dokar Tarayyar Turai ta hana matafiyi shigo da nama ko kayan madara a jakarsa daga ƙasashen waje, kada ki sa 'yar'uwa ta yi asarar tsarabarta a filin jirgi.

Abin da ni nake yi, kuma shi nake ganin ya fi duka, shi ne in je wurin mahauci in sayi ƙirjin sa mai kitse sosai, ko cikin rago, in yi gishirinsa da kaina. Kilo ɗaya yana ɗaukar gishiri giram 25, da dakakken masoro mai yawa, da tafarnuwa kaɗan. Ki shafe shi ko'ina, ki sa a leda ki ɗaure, ki ajiye a firij kwana biyar zuwa bakwai kina juya shi kullum. Sai ki goge, ki bar shi a buɗe a firij kwana ɗaya ya tsane, ki yanka ƙanana ki raba kashi-kashi ki daskarar. Sharaɗin shi ne firij ɗin bai yanke sanyi ba, kuma ba a cin sa ɗanye, sai an soya. Inda wuta ba ta tsayawa, ki bar wannan dabarar, ki sayi nama mai kitse ranar girkin ki yi masa gishiri awa biyu kafin ki ɗora. Abu ɗaya da ya kamata ki sani: kitsen sa da na rago suna saurin daskarewa fiye da na alade, wadda ta taɓa barin kakiɗe ya huce ta san haka. Saboda haka ki rage rabin maiƙon da ya narke ki cika da man zaitun, kuma a ci abincin da zafinsa.

Cuku shi ne wurin da nake cewa kada a yi rowa. Uku ne ke gabanki a kantin Italiya. Parmigiano Reggiano na madarar shanu ne daga yankin Parma da Reggio Emilia da Modena da wani ɓangare na Bologna da Mantova, ba ya fita kasuwa sai ya yi aƙalla wata 12, kuma babu komai cikinsa sai madara da gishiri da abin daskarar da madara. Grana Padano ɗan'uwansa ne, wata tara ya ishe shi, ya fi laushin ɗanɗano, ya fi sauƙin kuɗi, kuma ana sa masa wani sinadari daga farin ƙwai, abin lura ga gidan da ke da yaron da ƙwai ke wa illa. Pecorino Romano na madarar tumaki ne, sunansa na Rum amma yawancinsa a tsibirin Sardiniya ake yin sa, gishirinsa da yajinsa sun fi na sauran. Idan namanki na gishirin gida ne ko bastirma, pecorino zai sa gishiri ya yi yawa sai kin rage a ruwan taliya. Don girkin yau da kullum da fis ko zukini, Grana Padano ya wadatar, ban ga dalilin ƙara kuɗi a kan cukun da zai narke a romo ba. Parmigiano mai wata 24 ki bar shi don gogawa a kan faranti.

Ki sayi gutsure mai ɓawo, kada ki sayi gari a roba. A jikin ɓawon na gaskiya za ki ga sunansa an buga, kuma garin da aka goga tun a masana'anta ya riga ya rasa ƙanshinsa, wani ma an haɗa shi da abin hana dunƙulewa.

Akwai magana ta addini a nan da bai kamata a tsallake ba. Duka ukun ana daskarar da madararsu ne da sinadarin da ake cirowa daga tumbin ɗan maraƙi, ko na ɗan rago a wajen pecorino. Malamai sun yi saɓani a kan wanda aka ciro daga dabbar da ba a yi mata yankan Musulunci ba: an ruwaito Imam Abu Hanifa ya ɗauke shi mai tsarki, Malikiyya da Shafi'iyya kuwa sun tsananta. Ki tambayi malamin da kika natsu da shi. In kina son fita daga saɓanin, akwai masana'antun da ke fitar da irin wannan cuku da shaidar halal, akwai kuma busasshen cuku mai rubutun caglio microbico ko caglio vegetale, wato ba daga dabba aka samo abin daskarar da shi ba.

A Najeriya da Nijar waɗannan cukun suna da wuyar samu kuma suna da tsada. Cukunmu na Buzaye da Fulani, busasshen nan mai faɗi, ba ya narkewa, haka ma awarar madara da ake daskarar wa da tumfafiya. Amma in kin daka cukun ya yi gari kin barbaɗa a sama yana ba da ƙanshin madara, awarar kuma a soya ta ƙanana a zuba. Don kaurin romo, ɗan cukun nan mai kusurwa uku guda biyu ko uku a narkar da su da ruwan taliya sun fi mozarela, wadda igiya kawai za ta yi miki a cokali.

Taliyar kanta ba ta da rikici. Tun 1967 dokar Italiya ta wajabta a yi busasshiyar taliya da tsakin alkama mai tauri, wadda suke kira grano duro, don haka ko mai araha a can ba ta cika caɓewa ba. In za ki ƙara kuɗi kaɗan, ki nemi mai rubutun trafilata al bronzo, jikinta fari-fari ne mai kaushi, romo ya fi kama ta. Ta garin Gragnano kusa da Napoli ta yi suna a wannan. Da fis ko yankakken zukini ki ɗauki gajera mai rami irin makaroni, don kayan su shige ciki. Da tumatir, sifageti. Taliyarmu 'yar murji ta fulawa ce mai laushi, ta fi dacewa da mai da yaji, a wannan girkin tana saurin narkewa.

Kayan lambu kuwa ki zaɓi ɗaya, ki bar karas da kabeji da koren tattasai ga jalof ɗin taliya. Fis daskararre ya fi na gwangwani. Zukini ƙanana sun fi manya, ruwansu kaɗan ne. Alayyafo yana maye gurbin ganyen Puglia, a zuba shi minti biyu kafin a sauke.

Ga mutum huɗu, taliya giram 400 da nama giram 120 zuwa 150 da cuku giram 80 da fis kofi ɗaya sun isa. Ki tsame taliyar saura minti ɗaya ta nuna, ki ajiye ludayi biyu na ruwanta, ki juye ta a kaskon naman da kayan lambu, ki zuba ruwan kaɗan-kaɗan kina juyawa. Cukun kuma sai kin kashe wuta za ki zuba, don in kaskon na tafasa zai dunƙule ya manne a ƙasa.